Marubucin da Ba a Gani: Sana'ar Rubuta Shirin Kimiyya da Tarihi a Darrasa

Duk Bahaushen da ya yi karatu a Azhar ya san unguwar Darrasa ta Alƙahira, ko da bai taɓa kwana a cikinta ba. Nan mota take sauke ɗalibin da ya taso daga Madinatul Bu'us, masaukin baƙin ɗalibai da ke Abbasiyya, ya ƙarasa da ƙafa zuwa tsofaffin tsangayoyin jami'ar: Usuluddini, Shari'a, Harshen Larabci. Ofishin Shehun Azhar yana nan, haka Darul Ifta da babban ɗakin karatu na Azhar da asibitin Husaini. Idan ka miƙe yamma, masallacin Azhar ne, wanda aka aza harsashinsa a 970 aka fara sallar Juma'a a cikinsa a 972, sai masallacin Husaini da kasuwar Khan Khalili. Idan ka juya gabas ka tsallake titin Salah Salim, kaburbura ne iyakar ganinka, na sarakunan Mamluk masu ƙubba da na malamai da almajiransu.

Akwai wani tudu a unguwar da mutanen Alƙahira suka yi ɗaruruwan shekaru suna jibge shara da ɓaraguzan gini a kansa. A 1984 Aga Khan ya yi alkawarin mayar da shi wurin shan iska, aka buɗe lambun Azhar a 2005 a fili mai faɗin hekta 30. Ana cikin kwashe ƙasa sai ga ganuwar da Salahuddin Ayyubi ya sa aka fara ginawa a 1176 ta fito fili, tsawon kusan kilomita ɗaya da rabi, da hasumiyoyinta da ƙofofinta, bayan juji ya binne ta tun zamanin kakannin kakanni. Shi ya sa masu ɗaukar shirye-shiryen talabijin ba sa rabo da wannan yanki. Mai wucewa yakan tsaya ya kalli mai gabatarwa yana magana yana nuna bango, ya kalli mai kyamara da mai riƙe da sandar ɗaukar murya. Ba kasafai yake lura da wanda ke gefe da takardu a hannu ba, in ma ya zo wurin ke nan. Shi ne marubucin shirin, kuma kowace kalma da ke fita daga bakin mai gabatarwa ta fara bi ta hannunsa.

Sana'a ce da ba ta da rumfa a kasuwa, ba ta da sarki, ba a kuma gadonta. Mai yin ta ya bambanta da marubucin fim ɗin soyayya, domin wancan idan labari ya cije masa sai ya ƙirƙiro hatsarin mota ko wasiyyar da aka ɓoye, ya wuce abinsa. Wannan ba shi da irin wannan dama. Abin da ya faru shi ne ya faru, haske kuma ba zai sauya hanya don shiri ya yi armashi ba. Ya bambanta da malamin jami'a ma, wanda yake da shafi 300 da sharhin ƙasan shafi, da mai karatu da zai koma baya idan bai gane ba. Mai kallon talabijin sau ɗaya yake jin jimla. In ta wuce shi ta wuce, in biyu suka wuce shi ya sauya tasha.

Aikin yakan fara ne da 'yar takarda, shafi biyu ko uku, da marubuci zai kai wa furodusa ko gidan talabijin: ga tambayar da shirin zai amsa, ga wuraren da za a je, ga waɗanda za a yi hira da su, ga dalilin da zai sa mutum ya zauna har ƙarshe. In an amince sai bincike, wanda shi ne ke cin mafi yawan lokaci, shi ne kuma ba a gani. A Alƙahira bincike yana nufin zama a Darul Kutub, ko sashen rubuce-rubucen hannu na Azhar, ko bin shagunan littattafai na bayan masallacin ɗaya bayan ɗaya, da sintiri a ƙofar farfesan da zai ce ka dawo jibi. Daga nan a tsara shirin kashi-kashi, a fita ɗauka, a dawo ɗakin tace hoto. A wannan ɗaki ake rubutun gaske, domin abin da kyamara ta kawo ba ya zuwa daidai da abin da aka tsara a takarda. Shafin marubuci a rabe yake gida biyu, gefe ɗaya abin da ido zai gani, ɗaya gefen abin da kunne zai ji, suna tafiya tare sakan bayan sakan.

Lissafin kuwa babu sassauci a cikinsa. Shirin da ake kira na awa ɗaya yawanci minti 52 ne. Mai karanta bayani a natse yakan faɗi kalma 130 ko makamancin haka a minti. Idan aka cire hirarraki da kiɗa da wuraren da dole a yi shiru hoto ya wuce, abin da ya rage wa marubuci bai fi kalma 3,000 ba, bayan ya karanta littattafai cike da kanta. Aikin mai man gyaɗa ne: a soya tiya goma, a niƙa, a matse, 'yan kwalabe kaɗan su fito.

Ƙa'idar farko da ake koya wa sabon shiga ita ce kada ya faɗi abin da hoto ya riga ya faɗa. Idan kyamara tana kan Bab Zuwaila, ƙofar kudu ta tsohon birni da aka gina a 1092, ɓata baki ne a ce ga wata babbar ƙofa ta dutse. Mai kallo yana da ido. Abin da idonsa ba zai ba shi ba shi ne cewa a wannan ƙofa aka rataye Tuman Bay, sarkin Mamluk na ƙarshe, a 1517, bayan Sarkin Usmaniyya Salim ya ci Masar. Da wannan jimla ɗaya ƙofar take zama abin da za a tsaya a kalla.

Babu wanda ya fi gwada marubutan wannan fanni kamar wani tsohon maƙwabcin Darrasa, Alhasan Ibnul Haisam, wanda aka haifa a Basra wajen 965, ya rasu a Alƙahira wajen 1040. Labarinsa yana da duk abin da furodusa yake so. An ce ya yi iƙirarin zai iya sarrafa ambaliyar kogin Nilu, Halifa Alhakim bi Amrillah ya sa aka kawo shi, ya tafi kudu har wajen Aswan ya duba, ya ga aikin ya fi ƙarfin zamaninsa. Tsoron halifa ya sa ya yi haukan ƙarya, aka tsare shi a gida har Alhakim ya ɓace a 1021. Daga nan ya tare a wata ƙubba a ƙofar masallacin Azhar, yana kwafe littafin Uƙlidis da na Batlamus da hannunsa kowace shekara, yana sayarwa dinari 150, da su yake ci har shekara ta zagayo.

To, marubucin da ya san aikinsa zai tsaya ya tambaya: wa ya faɗa? Ibnul Ƙifɗi ne, wanda ya rasu a 1248, fiye da shekara 200 bayan mai labarin. Baihaƙi, wanda ya riga shi rubutu, ya kawo wata riwaya dabam, cewa halifa ya duba shawarar ya raina ta, shi kuma malamin ya tsere zuwa Sham. Riwaya biyu ke nan da ba su jitu ba, darakta kuma ya riga ya ƙwallafa rai a kan ta haukan ƙarya, domin ita ce za ta yi kyau a hoto. Marubuci ba zai jefar da ita ba. Abin da zai yi shi ne ya saka "an ruwaito" a inda ya dace, ya ambaci wanda ya ruwaito, ya ba ɗaya riwayar ko da sakan goma ne. Mu da muka taso muna jin malamai suna cewa wane ya karɓo daga wane, suna rarrabe ingantacce da mai rauni, bai kamata wannan ɗabi'a ta zame mana baƙuwa ba. Tun kafin a ƙera kyamara malaman hadisi suka shimfiɗa ta.

Sai matsalar hoto. Babu zanen fuskar Ibnul Haisam daga zamaninsa. Mai rawanin da ake gani a takardar kuɗin Iraƙi da littattafan makaranta, hasashen masu zane ne. Shirin Cosmos na 2014, wanda Neil deGrasse Tyson ya gabatar amma Ann Druyan da Steven Soter suka rubuta, ya warware wannan da zane mai motsi, yadda kowa zai gane ba shi ne ake gani ba. Amma hanyar da ta fi kyau tana cikin littafinsa da kansa, Kitabul Manazir, mai juzu'i bakwai. Magabata irin su Uƙlidis da Batlamus sun ɗauka wani haske ne yake fita daga ido ya taɓo abin da ake kallo. Ibnul Haisam ne ya tabbatar da cewa haske daga abu yake tasowa ya shiga ido, kuma a miƙe yake tafiya. Ya bayyana yadda za a jera fitilu a gaban wata 'yar kafa da ke buɗewa cikin wuri mai duhu, sai a ga ɗigon haske a bango daidai da yawan fitilun. A rufe fitila ɗaya, ɗigonta ya ɓace, a buɗe ta ya dawo. Wannan gwaji ana iya yin sa a zauren kowane gida a Zariya da fitilar ƙwai uku da kwali. Marubucin da ya gano haka ya sami minti biyar mafi kyau a shirinsa, ba tare da ya sa wa kowa gemun ƙarya ba.

Jarabawa ta uku ita ce ta son kai. Ana yawan cewa shi ya ƙirƙiro kyamara. Bai ƙirƙiro ta ba, kuma masanan Sin na makarantar Mozi sun yi bayanin hoton da ke shiga ta ƙaramar kafa ya kife fiye da shekara 1,000 kafin shi. Abin da ya yi ya fi wannan girma: ya mayar da gwaji alƙali tsakanin ra'ayoyi. Misirawa biyu sun ƙarar da shekaru suna tantance haka, Mustafa Nazif da littafinsa mai juzu'i biyu a 1942 da 1943, da Abdulhamid Sabra na jami'ar Harvard da ya tace matanin Larabcin ya fassara shi. A kan guminsu marubucin shiri yake tsayawa, kuma rashin adalci ne gare su a kumbura abin da suka auna da hankali.

Idan ana maganar wannan sana'a a Masar, sunan da ke fara zuwa baki shi ne Dokta Mustafa Mahmud. An haife shi a Shibinul Kom a ƙarshen 1921, ya gama karatun likita a 1953 ya ƙware a cututtukan ƙirji, sannan a 1960 ya ajiye aikin asibiti ya rungumi alƙalami. Ya yi rubutu a mujallun Rozul Yusuf da Sabahul Khair, ya wallafa littattafai kusan 90, cikinsu har da wanda ya ba da labarin tafiyarsa daga shakka zuwa imani. Amma abin da ya shigar da shi kowane gida shi ne shirin Al'ilmu wal Iman, wato Ilmi da Imani, da ya fara a farkon shekarun 1970 ya ci gaba har ƙarshen shekarun 1990, kashi wajen 400. Masu ba da tarihinsa suna cewa gidan talabijin ya ware fam 30 kacal ga kowane kashi, har sai da wani attajiri ya ɗauki nauyin aikin.

Tsarin shirin mai sauƙi ne ƙwarai. Sautin sarewa, sai ga mutum zaune yana yi wa jama'a maraba, ya yi 'yar shimfiɗa, sannan a sako fim ɗin da aka ɗauko daga Turai ko Amurka a kan gizo-gizo, ko tururuwa, ko taurari, ko yadda ɗan tayi yake girma, shi kuma yana bayani a kai da muryarsa mai sanyi. Hoton na wasu ne, maganar tasa ce, kuma maganar ce ta riƙe mutane kusan shekara 30. Ya iya sauko da zance. Yakan yi magana da Larabcin da direban tasi zai gane ba tare da farfesa ya ji an raina shi ba. Ya nuna wa miliyoyin Musulmi cewa duba cikin madubin ƙara girma ba fita daga addini ba ne, ya kuma bi maganarsa da aiki: masallacin da ya gina a unguwar Muhandisin a 1979 yana da asibitin marasa ƙarfi da wurin duban taurari da ɗakin ajiye duwatsu.

Ina girmama shi, kuma saboda girmamawar ne nake ganin wajibi a faɗi inda hanyarsa take da santsi. A 1970 ya wallafa ƙoƙarinsa na fahimtar Alƙur'ani da idon zamani, Farfesa A'isha Abdurrahman, wadda aka fi sani da Bintush Shaɗi', ta mayar masa da martani mai zafi. Hujjarta ita ce tafsiri yana da ƙa'idoji da kayan aiki, kuma wanda ya ɗaure aya a jikin wani ra'ayin kimiyya ya jefa ta cikin haɗari, domin ra'ayin yana iya sauyawa gobe. A wannan gaɓa ina tare da ita. Marubucin shiri yana iya barin mai kallo ya yi tasbihi da kansa idan ya ga yadda ƙudan zuma yake gina saƙarsa. Ba sai ya matsa wa nassi ya faɗi abin da bai faɗa ba.

Wannan ya shafe mu kai tsaye, saboda irin abin da ke yawo a wayoyinmu. Har yau ana tura labarin cewa Neil Armstrong ya ji kiran salla a duniyar wata, ya zo Alƙahira ya sake jin sa ya musulunta. Ƙarya ce, shi da kansa ya musanta, ma'aikatar harkokin wajen Amurka ma ta fitar da sanarwa a kai a 1983. Abin takaicin shi ne akwai labarin gaskiya da ya fi wannan daɗi: Faruƙ Albaz, masanin duwatsu ɗan Masar da aka haifa a Zaƙaziƙ a 1938, yana cikin waɗanda suka zaɓi wuraren da kumbunan Apollo suka sauka a wata, shi ya kuma koya wa 'yan sama jannatin yadda za su karanta ƙasar da suke gani. Mai ƙirƙirar ƙarya minti biyar ya ishe shi. Mai kawo labarin Albaz sai ya yi karatu.

Akwai wani dattijo da tsofaffin Misirawa suke tunawa tare da Mustafa Mahmud, Dokta Hamid Gohar, wanda ya rayu daga 1907 zuwa 1992. Shi ya bar tsangayar likitanci ya koma kimiyya, ya yi shekaru masu yawa yana shugabantar tashar binciken halittun ruwa ta Gardaƙa a bakin Bahar Maliya, sannan ya gabatar da shirin Alamul Bihar, Duniyar Tekuna, ranar Juma'a har shekara 18. Bambancinsa shi ne kifin da yake bayani a kai ya san shi a cikin ruwa kafin ya san shi a fim. Ya kuma zama mamba a Majalisar Harshen Larabci ta Alƙahira, inda ake zama a tantance sunan da za a ba kowane sabon abu. Haɗuwar waɗannan biyu a mutum ɗaya, sanin abu da sanin sunansa a harshen gida, ita ce rabin sana'ar.

A ɓangaren tarihi kuwa, ɗan unguwa ne ya fi kowa. Jamal Algiɗani an haife shi a 1945 a lardin Sohaj amma a Jamaliyya ya tashi, maƙwabciyar Darrasa. Zanen darduma ya koya tun farko, ya zama wakilin jarida a fagen yaƙi, ya rubuta ƙagaggen labarin Zaini Barakat da ya gina a kan tarihin Ibnu Iyas na ƙarshen mulkin Mamluk. A shirinsa na Tajalliyat Misriyya a tashar Dream, tafiya kawai yake yi a lunguna yana magana, ya tsaya a gaban asibitin Sarki Ƙalawun ko wata ƙofa da mutane suke wucewa kullum ba su ɗaga kai ba, ya faɗi wanda ya gina da abin da masanin tarihi Maƙrizi ya rubuta a kanta. Maƙrizin ma ɗan unguwar ne, a lungun Barjawan aka haife shi a 1364. Algiɗani ya rasu a 2015. Kafin shi an yi Shadi Abdussalam, mai fim ɗin Almumiya na 1969, wanda ya ƙare rayuwarsa yana yin gajerun fina-finan ilmantarwa a kan kujerar zinariya ta Tutankhamun da dalar Fir'auna da Ramsis na Biyu, ya rasu a 1986 bai sami kuɗin ɗaukar babban fim ɗinsa na Akhnatun ba, bayan ya yi shekaru yana rubuta shi yana zana tufafinsa.

Wannan ƙarshe na Shadi yana nuna yadda cin abinci yake a sana'ar. Mafi yawan masu yin ta ba su da albashi. Kashi-kashi ake biyansu, shi ya sa za ka tarar da su 'yan jarida ne ko malaman makaranta da rana. Ɗauka a tsohon birni sai da takardun izini daga hukumomi fiye da ɗaya, tsofaffin hotuna na taskoki kuma da tsada ake sayen haƙƙinsu, don haka marubuci yakan goge shafi mai kyau saboda babu kuɗin hotonsa. Kasuwa ta ɗan buɗe da bikin fina-finan gaskiya na Isma'iliyya da aka fara a 1991, da tashar Aljazira ta irin waɗannan shirye-shirye da aka buɗe a 2007. Sai intanet ta zo da nata. Ahmad Gandur ya fara shirin Addahih a YouTube a 2014, da Larabcin titi da barkwanci da sauri, amma a bayansa akwai ayarin marubuta da masu bincike, kuma a ƙarƙashin kowane kashi ana jera littattafan da aka duba. Salon ya sauya, ƙa'idar tana nan.

Mu ma ba baƙi ba ne a wannan fage. Iyayenmu sun kalli majigi a ƙofar fada, sun ga Baban Larai na shekarun 1950 yana koyar da noman auduga. Adamu Halilu ya yi fina-finan ilmantarwa masu yawa kafin ya ɗauki Shaihu Umar a 1976. Basil Davidson ya zo har Kano da shirinsa na tarihin Afirka mai kashi takwas a 1984, Ali Mazrui ya biyo da nasa mai kashi tara a 1986, kuma da hannun NTA a duka biyun. Amma da Turanci aka yi su. Yau muna da masana'antar fim da ke fitar da labaran aure da kishiya ba adadi, muna da masu kyamara da masu tace hoto da suka ƙware, muna da matasan da suka haɗa Larabci da Hausa da Turanci, amma da wuya ka sami shiri ɗaya na minti 52 da Hausa a kan kwalekwalen Dufuna da aka gano a 1987 mai shekara wajen 8,000, ko a kan maƙeran da suka narka tama a gindin Dala. Ba kayan aiki muka rasa ba. Wanda zai zauna ya yi binciken ya rubuta shi ne babu, domin ba mu ɗauki zaman nasa aikin da ake biya ba.

Ga labari ɗaya da yake jiran irin wannan marubuci, kuma a gefen Darrasa yake kwance. Muhammadu ɗan Muhammadu Alfulani Alkashinawi malami ne daga ƙasar Katsina, wadda ta riga ta yi suna da malamai irin su Ɗan Masani da Ɗan Marina. Ya yi karatu a gida da wajen malaman Barno, ya tafi aikin hajji, ya zauna a Alƙahira. A 1732 ya kammala littafi a kan ilmin haruffa da hatimi, ya kuma rubuta Addurrul Manzum a kan taurari da ɗalasimai, wanda aka buga a Alƙahira daga baya, da wani a kan nahawu. Ya rasu a 1154 ta Hijira, wato 1741, a gidan Shaihu Hasan Aljabarti, babban masanin falaki da lissafi na Azhar, ya bar masa wasiyyar littattafansa. Ɗan mai gidan, Abdurrahman Aljabarti, shi ne shahararren marubucin tarihin Masar, kuma shi ya rubuta cewa mahaifinsa ya binne baƙon nasa a Bustanul Ulama, cikin maƙabartar Mujawirin, ya gina alama a kan kabarin ya rubuta sunansa.

Duk jarabawar da Ibnul Haisam yake yi wa marubuci, wannan malami namu yana yin ta. Babban mai ba da shaida a kansa, Abdurrahman, an haife shi fiye da shekara 10 bayan rasuwarsa, don haka abin da ya ji a gida da abin da ya gani a littattafai ya rubuta. Dole a faɗa wa mai kallo haka. Babu hotonsa, amma akwai hatimi, kuma babu abin da ya fi shi kyau a allo. A jera lambobi daga 1 zuwa 9 a gida tara, kowane layi a tsaye da a kwance da a karkace ya ba da 15. A faɗaɗa zuwa gida 25, kowane layi ya ba da 65. Gida 49 ya ba da 175. Alkashinawi ya bayyana hanyoyin cika irin waɗannan gidaje masu adadin mara, bi da bi, ba da lalube ba. Yaron da ya ga an yi wannan a gabansa da alli zai ɗauki takarda ya gwada kafin shirin ya ƙare.

Sai jarabawar son kai, wadda ta fi kowacce wuya a nan. Za a so a mayar da shi farfesan lissafi na zamani a ɓoye ɗalasiman, wasu kuma za su so a kira shi mai tsibbu kawai a rufe littafin. Duka biyun cin amana ne. A zamaninsa lissafi da falaki da ilmin haruffa a zaure ɗaya ake karanta su, a Katsina da Alƙahira baki ɗaya, kuma hanyar da ya bi ya cika gida 49 sahihin lissafi ce ko da me aka yi niyyar yi da hatimin. Marubuci ya faɗi duka, ya bar mai kallo da hankalinsa. An riga an share masa hanya: Hassan Gwarzo ya yi rubutu a kan malamin a 1967, Claudia Zaslavsky ta ba shi wuri a littafinta na lissafin Afirka a 1973. Abin da ya rage shi ne a bi sawunsa daga hasumiyar Gobarau zuwa Mujawirin, kuma a gaggauta, domin tun 2020 aikin faɗaɗa tituna yake cin sassan tsofaffin maƙabartun Alƙahira.

Kirana ga gwamnatin Jihar Katsina da Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa da gidajen talabijin ɗinmu na Arewa da na Nijar shi ne su ɗauki nauyin wannan shiri da Hausa, su fara da biyan marubuci ɗaya kuɗin bincike na shekara guda kafin a taɓa kyamara. A shekarar 1454 ta Hijira, wadda za ta kama a 2032, Alkashinawi zai cika shekara 300 da rasuwa. A yi ƙoƙari shirin ya riga wannan shekara fitowa.